Shafin da Ya Tsaya a Talata

Zuwa ga Auta,

Ranar Juma'a na gane yayanka ya mutu. Na san Talata ya faɗo daga tsani a wurin aiki, na san da yamma aka kai shi makwancinsa, ina zaune mutane suna shigowa ina amsa musu. Amma duk kamar a gidan wasu ake yi. Sai Juma'a da safe na ɗauki waya in duba lokaci, shafin nan nasa na waifai, na shiga intanet, ya fito kamar kullum. Na karanta:

"Talata. Akwai alamar ruwa, a kwashe shanya. Mai ɗaki na tara ta sake barin fitilar baranda a kunne, amma an yafe mata."

Na ce a raina, yau mutumin nan ya makara, bai canza ba. Har na buɗe baki zan kira shi in tsokane shi. A nan na zauna a ƙasa gefen gado.

Ka yi haƙuri na fara ba gaisuwa. Ina fata kana lafiya. Ya aiki, ya ciwon cikin nan da ke tasar maka? Kana dai cin abinci a kan lokaci? Mu muna nan. 'Yarka ta koma makarantar kwana, ta rame amma ba ta kwanta ba. Ni ciwon kai ne kawai, shi ma da sauƙi. Yau kwana hamsin da biyu.

Na ga kiranka sau uku ban ɗauka ba. Kada ka zaci fushi nake don ba ka zo ba. Muryarku ɗaya da shi, har yadda kuke jan "to". Idan na ji ba na iya magana. Shi ya sa nake rubutawa a takarda in ɗauki hotonta in turo maka. Ka san karatuna bai yi nisa ba, in ka ga kuskure ka wuce.

Ga abin da ya sa na ɗauki biro. Ka tuna akwatin waifai da ka kawo shekara huɗu da suka wuce, kuka yi yini biyu kuna sa masa manhajar nan ta kyauta? Yana nan a kan katakon da ke saman ƙofarmu, da batirin da yayanka ya haɗa masa a ƙasa don kada ya taɓa mutuwa. Ka san gidan nan, ɗaki goma sha huɗu, sabis ba ya shiga ko ɗaya sai mutum ya fita bakin titi. Da akwatin nan kowa ke numfashi. Kowace safiya shafin zai fito a wayar mutum, ya sa lambarsa, ya wuce. Yayanka kuwa kafin shayinsa ya huce zai canza layi ɗaya a tsakiya. Wata rana ya rubuta, "Wanda ya ɗauki bokiti shuɗi ya mayar, ba za a faɗi sunan tela ba." Har laƙabi suka sa masa, Mai Waya.

To, lambobin wata uku suke yi su ƙare, sai ya ba mutum sabuwa, kuma kowace lamba wayar mai ita kawai take buɗe wa. Ta tela ta ƙare makon jiya. Ta malamar asibiti mako mai zuwa. Wanda tasa ta ƙare, shafin kawai yake gani, ba ya wucewa. Babu wanda ya san kalmar sirrin shiga cikin akwatin. Wayarsa ta farfashe da ya faɗo.

Ina so ka faɗa mini yadda za a yi mutane su wuce, amma layin nan kada a taɓa shi. Mai ɗaki na taran ni ce, kuma ranar Talatar da safe mun ɗan yi sa-in-sa a kan fitilar. Na ce masa kai ne mai gyaran wuta, ka gyara ta ta riƙa kashe kanta. Ya fita ban yi masa a dawo lafiya ba. Ban san ya rubuta komai ba sai Juma'a.

Matar yayanka

*

Matar Yaya,

Na samu takardarki. Na karanta a wurin aiki, sai da na fita waje. Allah ya ji ƙan Yaya, ya ba ki haƙuri. Lafiyata ƙalau, cikin ma ya lafa. Ki gaishe mini da 'yata, ki ce mata zan kira ranar da ake barin su riƙe waya.

Maganar zuwa, fasfona yana ofis tun kafin rasuwar ana sabunta takardar zama. Idan na fita babu shi ba zan iya dawowa bakin aikina ba. Na so in faɗa miki a waya.

Kalmar sirrin da na sa tun farko Yaya ya canza ta. Na gwada daga nan, ƙofar a rufe take. Ki gwada ranar haihuwar yarinyar, da lambar tsohon babur ɗinsa, ko da yake ba na jin zai yi wannan saken.

Na yi tunanin a sayi wata rauta, wato akwati irin wannan, a ajiye gefe, a bar wannan. Matsalar ita ce layin intanet na kamfani ɗaya ne, kuma idan aka zare shi daga wannan, shafin zai daina fitowa da kansa. Ƙananan na'urorin da Yaya ya sa a sama da ƙasa su ma da ita suke magana.

Saboda haka hanya biyu ce. Ta farko mai sauri. A bayan akwatin akwai ƙaramin rami. A sa allura a danna a riƙe, komai zai goge, ya koma kamar sabo. Malamar asibiti tana da kwamfuta, zan koya mata ta mayar da manhajar. Ba ta kamfani ba ce balle a ce sai an saya. Mutane ne a ƙasashe daban-daban suka rubuta ta suka bar ta a buɗe, wanda ya so ya ɗauka, wanda ya iya ya gyara ya mayar. Yini ɗaya ya isa. Kafin nan ki ɗauki hoton shafin ki ajiye. Abin da ke ciki ba wani abu ba ne, rubutu ne da bai fi kalma ashirin ba, ko yaushe ana iya sake buga shi.

Ta biyu sai na zo. Akwai hanyar shiga da kebul a canza kalmar sirri ba tare da an goge komai ba, amma ba zan so a yi ta ina nesa ba, kuskure ɗaya ya isa. An ce fasfon zai fito ƙarshen wata.

Ni dai shawarata ta farkon, saboda mutanen gida. Amma ke za ki zaɓa.

Auta

*

Zuwa ga Auta,

Gaisuwa mai yawa. Na ji daɗi da cikin ya lafa, ka dai rage shan abu mai gas. 'Yarka ta yi mura ta warke. Ni ina nan.

Kalma ashirin da biyu ne, na ƙirga. Na karanta inda ka ce ba wani abu ba ne sau da yawa, na ajiye, na sake ɗauka. Wataƙila a wurin aikinku haka ake faɗa. Ni ba hoto nake so ba. Hotunansa ina da su, ni nake zuwa wurinsu. Wannan shi yake zuwa wurina, da safe, ba tare da na nema ba. Kuma idan kai ka sake bugawa, kai ne ka yafe mini, kai kuwa ban yi maka komai ba.

Na zaɓi ta biyu. Na faɗa wa mutanen gida su yi haƙuri zuwa ƙarshen wata, ƙaninsa yana tafe.

Ba su ji daɗi ba, amma tela ne kaɗai ya fito ya faɗa. Ka san shi da baki. Ya hau sama da tef a wuyansa ya tsaya a ƙofa ya ce, "Matar Mai Waya, wallahi ni ma mutumina ne. Amma kwastoma ta turo mini ɗinki tun shekaranjiya, da na buɗe waya sai a ce in kwashe shanya. Wata biyu ina kwashe shanyar nan." Na yi dariya, shi ma ya yi, sai kuma ya juya baya yana goge ido da gefen riga. Ya ce allura dai ga ta nan da yawa a shagonsa idan na canza shawara. Na ce ya riƙe abarsa.

Na gwada abubuwan da ka ce. Malamar asibiti ta nuna mini inda ake sawa. Na sa ranar haihuwar yarinyar, na sa lambar babur, na sa ranar aurenmu, na sa sunan da yake kirana da shi idan babu kowa. Duk ya ƙi. Na ƙarshen ne ya fi mini ciwo, ban san dalili ba.

Cikin neman na samo wani ƙaramin littafi a jakar kayan aikinsa, ƙarƙashin filaya da nannaɗaɗɗiyar waya. Kalmar sirri ba ta ciki. Lambobin mutane ne, ɗaki da lamba da ranar ƙarewa, da rubutunsa mai kwanciya gefe. Daga nan zuwa mako biyar duk za su ƙare. A shafin ƙarshe ya ja layi ya rubuta uku daban, ya sa musu "ba ƙarewa". Ɗaya ni, shi ya sa wayata take wucewa har yau. Ɗaya shi. Ta ukun an rubuta Auta. Wayar da ka zo da ita shekara huɗu da suka wuce. Ban sani ba ko tana nan ma.

Yanzu da yamma ɗakina ne tasha. Kaka ta ɗaki na biyu, wadda ta koyar a firamare shekara talatin, ita na fi tausayi. Ƙafafunta ba sa kai ta bakin titi, 'yarta kuma tana can nesa kamar ku. Ni nake sauka da wayata su ga juna. Ba komai, ina gida, me nake yi.

Ka faɗa mini ranar da za ka taso in gyara maka ɗakin yarinyar.

Matar yayanka

*

Zuwa ga Auta,

Ina gaishe ka. Ina fata lafiya ce ta sa shiru. Mako biyar ke nan ban ji daga gare ka ba. Na ga alamar ka buɗe takardata tun ranar da na turo. Idan maganar da na yi a kan kalmomin ce ta ɓata maka rai, ka yafe ni, ciwo ne ya yi magana.

Wata ya ƙare, wani ya kusa rabi. Na gyara ɗakin, na sake share shi sau biyu.

Na koma aikina a gidan burodi, ba za su riƙe mini wurina har abada ba. Ina fita da sassafe, sai yamma nake dawowa, kuma da wayar nake tafiya saboda makarantar yarinyar. Lambar kowa ta ƙare yanzu. Idan na dawo sai in tarar da su a jere a bakin titi, kowa ya ɗaga waya sama kamar masu jiran a raba wani abu. Da sun hango ni sai su sauke, su gaishe ni da kyau. Wannan gaisuwar ta fi mini zagi nauyi. Malamar asibiti tana da jarrabawar ƙarin girma, a barandar wani kanti take zama da kwamfutarta, motoci suna wucewa.

Kaka ta kwanta kwana tara. Ƙafar ce ta kumbura har gwiwa. 'Yarta da rana kawai take samun damar kira, lokacin ina can ina ɗaure burodi a leda. Jiya na shiga duba ta, ta riƙe hannuna ta ce, "'Yar nan, kowace safiya nakan karanta, in ce to Mai Waya, na ji. Ba na so ya tafi. Amma tawa 'yar tana da rai, ita nake so in gani." Na gyara mata matashi na fito.

Batirin ma ya fara ba ni tsoro. Shekaranjiya an ɗauke wuta awa shida, ya fara wani ƙara da ban taɓa ji ba. Na zauna a ƙarƙashinsa har aka kawo.

Auta, ka faɗa mini gaskiya. Za ka zo ko ba za ka zo ba? Ni na ce musu su jira, da bakina.

Matar yayanka

*

Matar Yaya,

Ina gaishe ki, ina gaishe da Kaka, Allah ya ba ta lafiya. Ni lafiyata lau. Ba rashin lafiya ce ta sa na yi shiru ba, kuma ba fushi ba ne. Kin yi gaskiya a kan kalmomin. Girman rubutun nake nufi, amma bai kamata in faɗa haka ba.

Fasfon bai fito ba. Yanzu ba sa ma faɗin rana.

Amma ba wannan ne ya hana ni rubutu ba. Zan faɗa miki a jere yadda ya faru.

Shekara biyu da suka wuce Yaya yana yawan kirana da tambaya a kan akwatin. Wani lokaci tambayar ba ta kai ta kira ba. Wata rana ina cikin aiki na ce masa, "Yaya, masu manhajar suna da dandali, ka tambaye su, ni ba ni da lokaci." Ya ce to. Bai sake tambayata ba. Sai da na karanta maganar lamba ta uku na gane ba akwatin ne ya sa yake kira ba.

Bayan takardarki na je dandalin na nemo shi. Tambaya goma sha bakwai ya yi, da Turancinsa na mai gyaran wuta, kowace ya fara da gaisuwa. Wani mutum da bai san shi ba, a wata ƙasa, ya amsa su duka ɗaya bayan ɗaya. Daga baya Yaya ya fassara kalmomin shafin zuwa harshenmu ya tura musu, suka karɓa suka sa a cikin manhajar. Duk wanda ya zaɓi harshenmu a ko'ina, "Shigo" ɗin Yaya yake dannawa. Na rubuta musu cewa ya rasu. Mutumin ya amsa da layi biyu, ya ce bai taɓa samun mai gaishe shi kafin tambaya ba sai shi.

A cikin tambayoyin ne na ga yadda ya tsara layin safen. Akwatin yana da ma'ajiya biyu. Ɗaya tana riƙe abu ko an kashe, amma tana lalacewa idan ana rubutu a kanta kullum. Ɗayar ba ta lalacewa, amma da wuta ta ɗauke take mantawa. Ni na ce masa tun farko, abin da zai riƙa canzawa kowace rana ya sa shi a ta biyun don akwatin ya daɗe. Ya bi maganata. Shi ya sa ya haɗa batir.

Hanyar kebul ɗin da na ce miki sai an kashe akwatin an kunna. Ko da na zo, da hannuna zan kashe, kuma layin zai tafi. Babu hanyar da za ta bar shi. Na san haka tun mako huɗu. Kullum ina cewa gobe zan rubuta, ku kuna can kuna jirana a bakin titi. Wannan laifina ne, ba naki ba, ki faɗa musu haka.

Abin da zan iya shi ne wannan. Ba sai an sa allura ba. Idan aka bi ta kebul, komai nasa zai tsaya, lambobin da tsarin da ya yi, layin Talata kaɗai zai tafi. Da an kashe akwatin ba za ku same ni a waya ba, don haka na rubuta matakan ɗaya bayan ɗaya, guda goma sha ɗaya, na haɗo da wannan. Malamar asibiti za ta iya. Ta kwafe su a takarda kafin a fara.

Ba zan sake ba ki shawarar yaushe ba. Amma batirin da ya fara ƙara ba zai daɗe ba.

Wayar tana nan. Tana cikin durowa, gilashin ya tsage.

Auta

*

Zuwa ga Auta,

Ina gaishe ka, ina fata kana lafiya. 'Yarka ta zo hutun kwana uku ta koma. Kaka ta fara takawa da sanda zuwa ƙofa. Ni ciwon kan ya dawo amma ina shan magani.

Na yi fushi da kai kwana biyu, ba zan ɓoye ba. Na ce mako huɗu, Auta. Sai kuma na tuna ni ma kiranka uku na ƙi ɗauka. Na faɗa wa mutanen gida saƙonka. Tela ya ce a ce maka an ji, amma idan ka zo kai za ka riƙa kwashe wa gidan shanya har ka koma.

An yi ranar Lahadi da safe. Ban so batiri ya yi mini ba, ina wurin burodi in dawo in tarar ya tafi babu kowa a wurin. Malamar asibiti ta kwafe matakanka da rubutunta mai kyau, ta zo da kwamfuta da kebul. Tela ya riƙe kujera. Ban kira kowa ba amma baranda ta cika. Har Kaka ta ce a buɗe mata ƙofarta ta ji.

Na cire wayata daga waifai na mayar don shafin ya fito. Na karanta. Na ɗauki hoton da ka ce, ko da yake na san ba shi ba ne. Malamar ta ce, "Matar Mai Waya, ko in zare?" Na ce a'a. Na hau kujerar da kaina. Akwatin yana da ɗumi, Auta. Shekara huɗu bai taɓa hucewa ba. Akwai ƙura a kansa, da sawun yatsunsa a gefe inda yake riƙewa idan zai goge. Na ce masa ni ma na yafe, a dawo lafiya ɗin da ban yi ba ma na yi masa. Na zare. Fitilun uku suka mutu tare.

Sauran aikin malamar ce. A mataki na huɗu ta makara wajen danna maɓallin, sai da aka sake kashewa aka kunna. Karo na biyun ban ji komai ba. Kafin azahar ta ce in faɗi sabuwar kalmar sirri. Na faɗa mata a kunne, kuma na rubuta ta a cikin littafinsa, don kada a sake yi wa wasu abin da ya same mu.

Shafin ya dawo. A sama, "Barka da zuwa." A ƙasa, "Sa lambarka", da "Shigo". Tunda ka ce nasa ne nake kallonsu da wani ido. Tsakiyar fari fat.

Mun fitar wa kowa sabuwar lamba, ita tana dannawa ni ina rubutawa a ƙarƙashin rubutunsa. Ta Kaka muka fara. Ko minti goma ba a yi ba na ji muryar 'yarta daga ƙasa tana cewa, "Mama, kin rame." Kaka ta ce, "Ke ma ai ba ki yi ƙiba ba." Suka yi ta yi. Na shiga ɗaki na rufe ƙofa.

Malamar ta koya mini yadda ake fitar da lamba, na iya. Ta nuna mini inda ake rubuta layin safen, shi ma ba wuya. Tela kullum sai ya ɗago kai daga keke ya ce, "Matar Mai Waya, yau ma babu labari? Ko bokiti ne a ce ya ɓata." Nakan ce masa gobe. Kowace safiya ina buɗe wurin in ajiye shayi gefe, har ya huce. Litinin na rubuta "Litinin" na goge.

Fitilar baranda tun ranar ban sake mantawa da ita a kunne ba.

Lambobin ukun da ba sa ƙarewa suna nan, malamar ta tambaye ni ko a cire biyun da ba a amfani da su, na ce ta bar su. Idan za ka zo ka taho da tsohuwar wayar, za ta wuce da kanta. Batirin sai an canza, ban san irin da ake saya ba, ka rubuto mini sunansa.

Layin safe yana nan babu komai, ban rubuta ba tukuna. Kai kuma ba ka zo ka ga kabarinsa ba.

Matar yayanka